Ƙwallon Bashi: mun ranci sakan 60, mun biya da ƙwallo huɗu

Har yanzu in na tuna minti biyar ɗin ƙarshen wasan Ƙwallon Bashin nan da muka buga sai raina ya ɓaci, bari dai in rubuta ko na huce.

Wasan mu muka ƙirƙiro shi a majalisarmu ta bayan isha'i, kuma musun VAR, wato bidiyon da alƙalin wasa ke dubawa, ne ya haife shi. Tun gasar kofin duniya ta 2018 a Rasha ake wannan rigimar, a ci ƙwallo jama'a su gama ihu sannan alƙali ya je ya leƙa allo ya ce ba ta ciwu ba. Wani a cikinmu ya ce ai wannan mayar da lokaci baya ne, to me zai hana a damƙa wa 'yan wasan ikon su yi da kansu? Shi ke nan muka zauna muka tsara wasan da jikokin jikokinmu za su buga, a fili da aka binne wa na'ura mai iya riƙe lokacin mutum ɗaya ta bar na saura yana tafiya. Kuma ba tatsuniya ba ce zalla fa, agogon taurarin GPS a kowace rana sai ya wuce namu na nan duniya da kusan mikrosakan 38 (mikrosakan miliyan ɗaya ne sakan ɗaya), dole ake gyara shi in ba haka ba taswirar wayarka ta ɓatar da kai. Mu dai cewa muka yi a ɗauka an kai zamanin da ɗan wannan bambancin ya zama sakan goma cur a tsakiyar fili.

Tunda ba mu da na'urar, usur da waya biyu muka yi amfani da su, ɗaya tana ƙirga sakan ɗaya tana ɗaukar bidiyo. Kowane ɓangare mutum bakwai, shida a fili ɗaya a gefe shi ne mai agogo, kuma kowane ɓangare na da sakan 60 a asusu. Da su kake sayen Dawo, wato kowa da ƙwallon su koma inda suke sakan biyar da suka wuce, ko Daskare, ka nuna ɗan wasansu ɗaya ya ƙame sakan goma. In asusunka ya ƙare kana iya cin Rance har wani 60 ɗin, amma biya shi ne duk 'yan wasanku ban da gola ku tsaya cak, kuma ɗaya ɓangaren ne ke bin ku, shi zai zaɓi lokacin karɓa.

Dawo ba sai na ɓata baki ba, asarar sakan ce. Jiki ya koma baya amma ƙwaƙwalwa ba ta koma ba, ɗan bayansu ya riga ya ga inda za ka jefa, ga musun "ba nan kake tsaye ba" a kan bidiyon da hannu ke rawa.

Rancen nan shi ne maganar. Kyaftin ɗinmu tun kafin hutun rabin lokaci ya cinye 60 ɗinmu ya hau rance, yana daskarar da 'yan bayansu ɗaya bayan ɗaya, muka zura uku ba ko ɗaya, muna ta tsalle. Mai agogonmu yaro ne, ya ɗan ce "Kyaftin a dakata haka mana", shi kuwa ya ce "danna kawai, kafin su farga an tashi". Yaro ya danna, ya zai yi, yayansa ne a unguwa.

Mai agogonsu kuwa wani bawan Allah ne da ko ƙwallo ba ya bugawa saboda gwiwa, shi ke riƙe littafin lissafi a wani shagon atamfa a Kantin Kwari, don kar a bar shi a banza aka ba shi usur. Yana zaune kan benci da ɗan littafinsa da biro, ana cin su yana rubutu, nasu suna masa ihu ya kashe ko goma ne ya ƙi. Da muka je shan ruwa ya dube mu yana murmushi ya ce "Malamai, bashi hanji ne fa", muka yi dariya. An dawo bai karɓa ba. An ci rabin zagaye na biyu bai karɓa ba, har kyaftin ya fara cewa mutumin ya manta.

Sai da ya rage minti biyar. Kuma bai karɓi 60 ɗin a dunƙule ba, babu inda dokar ta hana gutsurawa, goma-goma ya riƙa karɓa, da ƙwallonsu ta tsallake tsakiyar fili sai ka ji fiiit. Wallahi ba ka san tsawon sakan goma ba sai kana tsaye ƙafa ɗaya a gaba, ƙwallo ta wuce ta gefenka da ka miƙa ƙafa ka taɓa ta, wani ɗan mitsitsin yaro ya zagaye ka har yana ce maka "sannu da tsayuwa yaya". Golanmu shi kaɗai yana ihu yana faɗuwa a ƙura. Busa shida, huɗu suka shiga. Kuma ga 60 ɗinsu na asali bai taɓa ba, da muka yunƙura mu farke sai ya daskarar da ɗan gabanmu sau biyu ya ajiye ragowar, ko buƙatarsu bai yi ba.

Wani abin da sai daga baya muka lura, duk wanda muka daskarar a farkon wasa hutawa yake. A wasan gaske na gaba wanda aka riƙe wa lokaci ba zai huta ba tunda a wurinsa ko numfashi ɗaya bai wuce ba, amma a namu na usur mun ba su hutu kyauta mu muna ta gudu a rana, ƙarshe ya zo ƙafafunmu sun mutu ga bashi a wuya.

To duk mai son gwadawa, mai agogo kar ya zama ƙanin kowa, a nemo wanda kyaftin ba zai iya ɗaga wa murya ba, in da hali mai sana'ar da ya saba bin bashi. Kar a ci rance kafin hutu ko da ana cin ku ne. A samu mutum na uku ya riƙe agogon wasan gabaɗaya, don tsaye-tsayen nan suna ja, ƙarin lokacin da aka yi a wasan Ingila da Iran a Qatar 2022, sama da minti 20, ba komai ba ne kan namu, kiran magariba ne ya raba mu. Sannan tun kafin a take ƙwallo a rubuta a takarda sau nawa za a iya gutsura bashi, kowa ya sa hannu.

Mun kai ƙorafi majalisa a mayar da shi karɓa biyu kacal. Mutumin Kwari ya ce ba a sauya doka sai mun ci su da wadda ke akwai, kuma har kyaftin ɗinmu ya fara lallaɓa shi ta bayan fage wai ya dawo ɓangarenmu, ya ce sai dai in shi ne zai zama kyaftin.