Daga Bakin Fili Zuwa Kujerar Darakta: Aikin Kocin Jami'a

Wanda ya saba wucewa ta filin ƙwallo na Samaru a Zariya bayan la'asar ya san koci da gani: usur a wuya, agogo a hannu, murya ta dishe. Amma rabin aikinsa yana cikin fayil, kuma ranar da aka ɗaga shi zuwa kujerar daraktan wasanni, fayil ɗin ne zai cinye sauran rabin. Yawancin masu sha'awar sana'ar nan fili kawai suke hange, shi ya sa suke tuntuɓe.

A Amurka, inda ƙwallon jami'o'i irin tasu mai kama da zari-ruga ke cika manyan filaye, hanyar a shimfiɗe take. Mutum zai fara da taimaka wa koci yana karatun digiri na biyu, a ba shi rukuni guda na 'yan wasa, ya kai ga tsara hari ko tsaro, sannan babban koci. Amos Alonzo Stagg ya horar da Jami'ar Chicago daga 1892 zuwa 1932, kuma shi ke riƙe da harkar wasanninta. Barry Alvarez ya yi koci a Jami'ar Wisconsin daga 1990 zuwa 2005, ya yi darakta daga 2004 har 2021. Yanzu jami'o'i da yawa can sun koma ɗaukar masana kuɗi da shari'a a kujerar, domin aikin ya zama na kwangila da lissafi.

A nan gida takarda iri biyu ake nema. Jami'a tana duba digiri, galibi na ilimin motsa jiki da lafiya, irin wanda ake yi a Tsangayar Ilimi ta Jami'ar Ahmadu Bello, domin da shi ake hawa matakan albashi. Duniyar ƙwallo kuwa lasisin CAF, hukumar ƙwallon ƙafa ta Afirka, take tambaya, daga D zuwa C, B, A, ta hannun NFF, hukumar ƙwallon ƙafa ta Najeriya, ga kuma kwasa-kwasan Cibiyar Wasanni ta Ƙasa da ke Surulere a Legas. Mai lasisi babu digiri yakan tsufa a ƙaramin mataki. Mai digiri babu lasisi kuma yara kan gane shi tun makon farko. A nemi duka biyun da sauran ƙuruciya.

Babban abin da ya raba kocin jami'a da na kulob shi ne kalanda. 'Yan wasansa ɗalibai ne, jarrabawa ce ke da iko da su, kuma duk shekara waɗanda suka fi gogewa ne ke kammala karatu su tafi. Don haka zaɓen sababbi ya kamata a yi shi cikin makonni uku na farkon zango, a riƙe kimanin mutum 30 domin a iya fitar da 18 zuwa 22 ranar gasa, da masu tsaron gida uku. Kocin da ya cika tawaga da 'yan ajin ƙarshe zai ci wasa bana, baɗi ya wayi gari ba shi da kowa. Shiri na gaske yana son makonni shida: biyu na ƙarfin jiki, biyu na tsarin wasa, biyu na wasannin gwaji, a sassauta kwana uku kafin tafiya. Idan yajin aiki ya shigo, kamar na malaman jami'a a 2022 da ya kai wata takwas, sai a koma farko. Kuskuren da aka fi yi shi ne a cusa aikin makonni shida cikin kwana goma, daga nan sai jijiyar bayan cinya ta fara tsinkewa ɗaya bayan ɗaya.

Yanayin Zariya ma yana da nasa hukuncin. Da hunturu fili kan bushe ya zama kamar daɓe, takalmi mai dogayen haƙora sai ya jawo bororo da ciwon gwiwa, gajerun haƙoran roba ne suka dace. Sanyin ma yana ruɗin yara, ba sa jin ƙishi alhali iska tana busar da su. A watan Maris da Afrilu a yi atisaye da sassafe ko bayan ƙarfe 5. A auna nauyin ɗan wasa kafin a fara da bayan an gama, kowane kilo ɗaya da ya ragu a mayar da shi da ruwa kusan lita ɗaya da rabi. Da azumi kuwa a rage nauyi da rana, a kai aiki mai tsanani bayan an sha ruwa.

Sai maganar sojojin haya, wato 'yan wasan da ba ɗalibai ba, wadda ba ma son a yi mata rufa-rufa. A gasar NUGA ta jami'o'in Najeriya, da aka fara a Ibadan a 1966, da NIPOGA ta kwalejojin fasaha, da NICEGA ta kwalejojin ilimi, tantancewa ce ke iya korar tawaga kafin a taɓa ƙwallo. Kowane ɗan wasa ya zama yana da takardar shiga makaranta, katin shaida, rasit na kuɗin zangon da ake ciki da hotuna, kuma suna da ranar haihuwa su zo ɗaya a ko'ina. Bambancin rubutu tsakanin Muhammad da Mohammed ya isa a zaunar da yaro. Wanda ya ɗauko gwani daga Sabon Gari ko Tudun Wada ya yi masa katin ɗalibi ya ci amanar yaron da ya yi wata shida yana gudu a filin, kuma idan asiri ya tonu maki da suna duka suke tafiya.

Darakta ba ƙwallon ƙafa kaɗai yake riƙe da ita ba. Akwai kwando, raga, guje-guje, judo, da tawagogin mata da aka saba ba su ragowar kuɗi da ragowar lokacin fili, abin da bai kamata ba. Takardar neman kuɗin tafiya ta tashi aƙalla wata biyu kafin gasa, domin sai ta bi ofis-ofis kafin ta kai ga ma'aji. A rubuta mota da mai, masauki, abinci, alawus na kowace rana, kuɗin rajista, akwatin magani da ma'aikacin lafiya. Bayan an dawo a mayar da lissafi da rasit nan take, in ba haka ba takardar gaba a tebur za ta kwana. Tsohon koci da ya zama darakta yana da jarrabawa guda: ya bar magajinsa ya zaɓi 'yan wasa goma sha ɗayansa, kada ya riƙa aiko da suna daga ofis.

Zariya ta ga amfanin kocin da ya zauna wuri guda shekara da shekaru. Oliver Johnson, Ba'amurken da ya daɗe yana koyar da ƙwallon kwando a Jami'ar Ahmadu Bello, yana cikin waɗanda suka rene Masai Ujiri, yaron da ya tashi a garin nan, wanda yake shugabancin Toronto Raptors lokacin da ta ɗauki kofin NBA, babbar gasar ƙwallon kwando ta Amurka, a 2019.