Tashar Smith–Ninth Streets: Jirgin Ƙarƙashin Ƙasa da Ya Hau Sama Saboda Jiragen Ruwa

Duk wanda ya shiga jirgin F a tsakiyar Brooklyn, a birnin New York, ya nufi kudu, zai wuce tashoshi da dama cikin rami, ba ya ganin komai ta taga sai baƙin bango da fitilun da ke giftawa. Da zarar jirgin ya bar tashar Carroll Street, sai haske ya fara shigowa, ƙarar ƙafafunsa ta sauya, rufin gidaje ya riƙa yin ƙasa, kuma kafin mutum ya gama gyara zama jirgin ya riga ya karkata hagu ya tsaya a wani wuri mai tsayin bene hawa takwas ko tara. Wannan ita ce tashar Smith–Ninth Streets. Na yi shekaru ina bi ta cikinta safe da yamma a hanyar zuwa wurin aiki, kuma tun ranar farko tambaya ɗaya ta tsaya mini a rai: me ya kai jirgin ƙarƙashin ƙasa can sama?

Tsayin tashar daga titi ƙafa 87 da rabi ne, wato kimanin mita 27. Babu tashar da ta kai ta tsayi a duk birnin, kuma ta shafe kusan shekara 90 ana lissafa ta a matsayin mafi tsayi a duniya cikin irinta, har sai da aka buɗe tashar Hualongqiao a birnin Chongqing na ƙasar Sin a shekarar 2022.

Abin da ya fi ɗaukar hankalina a tarihinta shi ne waɗanda suka gina ta. Tun daga 1904, lokacin da aka buɗe layin farko na ƙarƙashin ƙasa a New York, kamfanoni masu zaman kansu ne ke tafiyar da jiragen, kuma daga baya harkar ta koma hannun manyan kamfanoni biyu da ake kira IRT da BMT. Magajin garin birnin na wancan zamani, John Hylan, ya dage cewa dole gwamnatin birni ta mallaki nata layin, wanda zai yi gogayya da kamfanonin nan. Daga nan aka samu tsarin IND, wanda ya fara aiki a 1932. Ɗaya daga cikin manyan burinsa shi ne a kawar da tsofaffin layukan dogo na ƙarfe da ke bisa tituna, waɗanda suke hana hasken rana sauka, suke kuma cika unguwanni da ƙara dare da rana. An kuwa yi hakan a wurare da dama. Layin sama na Sixth Avenue a Manhattan, alal misali, an rufe shi a ƙarshen 1938 aka rushe. Ke nan mutanen da suka ƙudiri aniyar mayar da jirgi cikin ƙasa su ne suka gina tashar da ta fi kowace hawa sama. A ainihin tsarin nasu tashoshi biyu kacal suka ɗora bisa gada, wato wannan da maƙwabciyarta ta Fourth Avenue.

Dalilin yana ƙarƙashin tashar, kuma duk wanda ya leƙa daga dandamali zai gan shi: mashigin ruwa na Gowanus. Asalinsa korama ce mai fadama, aka haƙe ta aka miƙar da ita a ƙarni na 19, aka kammala aikin wajen 1869, tsawonta ya kusa kilomita 3. Cikin ɗan lokaci gaɓarta ta cika da rumbunan kwal, da wuraren sayar da katako, da majemu, da masana'antun siminti da fenti da iskar gas. Jiragen ruwa na dakon kaya suna shiga suna fita, wasunsu da dogayen sandunan da ake ɗaura wa ƙyallen da iska ke turawa, kuma dokar zirga-zirgar ruwa ta lokacin ba ta yarda a gina abin da zai tare musu hanya ba.

Injiniyoyi suna da zaɓi biyu. Ko dai su nutsa da rami ƙarƙashin ruwan, ko su haye samansa. Matsalar ramin ita ce yanayin ƙasar wurin: Gowanus kwari ne, amma daga gabashinsa unguwar Park Slope take, wadda ke kan tudu, kamar yadda sunanta ya nuna (slope a Turanci na nufin gangare). Jirgin da ya nutse ƙarƙashin ruwa sai ya yi hawa mai tsanani kafin ya kai tudun, ga kuma kuɗin haƙa cikin taɓo. Saboda haka aka zaɓi gada, doguwa mai kimanin mil ɗaya, ta ƙarfe da aka lulluɓe da kankare. Hikimar wannan zaɓi tana bayyana idan mutum ya ci gaba da tafiya: bayan tashar Fourth Avenue jirgin ba ya wani gangarawa mai yawa, tudun ne ke tasowa ya haɗiye shi, sai ga shi a tashar Seventh Avenue cikin ƙasa. An buɗe wannan sashe, har zuwa Church Avenue, ranar 7 ga Oktoba, 1933, a tsakiyar karayar tattalin arzikin da ta durƙusar da Amurka. A 1954 aka haɗa shi da tsohon layin Culver, jiragen suka samu hanya har bakin teku a Coney Island.

Tsarin tashar kansa ba shi da sarƙaƙiya. Layukan dogo huɗu ne a jere, da dandamali biyu, ɗaya a kowane gefe. Layuka biyu na gefe su ne na jiragen da ke tsayawa, wato F da G. Biyun tsakiya an yi su ne domin jirage masu sauri da ba sa tsayawa a ƙananan tashoshi. Sun yi shekaru masu yawa kusan a zaune, sai a 2019 aka dawo da 'yan jiragen F masu sauri a lokutan cunkoso na safe da yamma. Jirgin G, wanda ke haɗa Brooklyn da Queens ba tare da ya shiga Manhattan ba, a nan yake ƙare tafiyarsa a da, kafin a miƙa shi zuwa Church Avenue a 2009. Tsawonsa bai wuce rabin na F ba, don haka wanda ya tsaya a ƙarshen dandamali sai ya yi sauri ya dawo tsakiya idan G ne ya iso. Masu bin tashar kullum sun san inda za su tsaya, baƙo ne kawai ake gani yana gudu.

Ƙofar shiga ɗaya ce, a titin Ninth Street kusa da mahaɗarsa da Smith Street. Daga nan ake hawa dogayen matakalai masu tafiya da kansu, a huta a wani ɗan fili, a sake hawa, har a kai ƙarƙashin layin dogo, inda hanya ta rabu biyu, kowace da matakalar ƙafa zuwa dandamalinta. Can ƙasa kuma, daidai inda tashar ta haye ruwan, akwai gadar motoci ta Ninth Street wadda ake ɗagawa sama idan jirgin ruwa zai wuce. Hawa uku ke nan na sufuri a wuri guda: ruwa, titi, da dogo.

Kankaren da aka lulluɓe ƙarfen da shi bai jure ruwan sama da ƙanƙarar shekaru saba'in ba. Ruwa ya riƙa tsatsafowa, kankaren ya fara ɓarewa, har aka naɗe sassan gadar da baƙar raga don kada ɓaraguzai su faɗo kan masu wucewa. A watan Yuni na 2011 aka rufe tashar gaba ɗaya domin gyara, ba a sake buɗe ta ba sai ranar 26 ga Afrilu, 2013. An sabunta rufi da fitilu da matakalai, aka kuma ƙawata tagogin da aikin mai zane Alyson Shotz, wadda ta ɗauko tsofaffin taswirorin da matuƙan jiragen ruwa suka yi amfani da su a ruwan Gowanus da Red Hook. A ganina babu adon da ya fi wannan dacewa da wurin, tunda ruwan nan ne ya yanke wa tashar siffarta.

Sai dai gyaran bai haɗa da lif ba, kuma a nan ne nake ganin an bar abu mafi muhimmanci. Wannan ita ce tasha mafi kusa da unguwar Red Hook, inda rukunin gidajen gwamnati mafi girma a Brooklyn yake. Unguwa ce da babbar hanyar mota ta Gowanus ta datse daga sauran gari, ba ta kuma da tashar jirgi ko ɗaya a cikinta. Mazaunanta sukan yi doguwar tafiya a ƙafa, su bi ta ƙarƙashin babbar hanyar, ko su hau bas, kafin su iso ƙofar tashar, sannan su fuskanci hawan mita 27. A watan Oktoba na 2012, lokacin da guguwar Sandy ta cika Red Hook da ruwan teku, tashar tana rufe. Na sha ganin dattijuwa tana riƙe da ƙarfen matakalar ƙarshe tana hutawa bayan kowane taki uku, ko uwa tana jiran wanda zai kama mata keken jariri. Mutane suna taimakawa, kusan kullum akwai mai miƙa hannu, amma mai keken guragu ba shi da hanyar hawa ko kaɗan. Jiragen ruwa masu dogayen sanduna da aka ɗaga tashar dominsu sun daɗe da daina zuwa, hawan kuwa yana nan yadda aka tsara shi a 1933.

Wanda ya kai sama yana samun abin kallo da babu irinsa a wata tasha. Daga arewa dogayen gine-ginen kudancin Manhattan ne, daga yamma kuma injunan sauke kaya na tashar jiragen ruwa, da mutum-mutumin 'yanci tsaye a tsakiyar ruwa. Tsohon allon talla na kamfanin Kentile Floors, mai manyan jajayen haruffa, wanda fasinjoji suka saba gani tsawon shekaru, an sauke shi a 2014. Lokacin hunturu iska tana kaɗawa a dandamalin da ƙarfin da ke sa kowa ya raɓe jikin bango, amma da la'asar ta bazara nakan bar jirgi ɗaya ya wuce don in ƙara tsayuwa.

Ruwan Gowanus kansa ya gurɓace ƙwarai saboda dattin masana'antu na sama da shekara ɗari, har gwamnatin tarayya ta sanya shi a 2010 cikin jerin wuraren da suka fi gurɓata a ƙasar, waɗanda ake yi wa aikin tsaftacewa na musamman. A ƙarshen 2020 aka fara kwashe baƙin taɓon da ke ƙasansa. Wata safiya ina tsaye a dandamalin kudu na ji ƙararrawa daga ƙasa, na leƙa, sai na ga an tsayar da motoci, gadar Ninth Street tana tashi a hankali, wani faffaɗan jirgin ruwa maƙare da taɓo yana shigewa ƙarƙashinta, yayin da jirgin F mai zuwa Coney Island yake shigowa tasha a samansa.