Laraba, Baba da mutumin garinsu

Ruwa tun asuba. Auta ya ɓatar da takalmi ɗaya, motar makaranta ta wuce, sai ni na kai shi. Na isa gidan Baba, tsohon da nake aikin kula da shi, a makare, na tarar har ya zauna a kujerarsa da bargo a gwiwa, ya ɗaure fuskar nan tasa. Magani, kunun safe, wanka. Duk lafiya lau.

Da rana Cleveland suna da wasan besbol a talabijin. Kun san ni da wasan nan, har yau ban gama gane kansa ba. Mutum ɗaya na jifa, ɗaya na neman maka wa ƙwallon sanda, sauran suna tsaye suna taunar cingam. A zagaye na shida koci ya tako tsakiyar fili ya karɓe ƙwallo daga hannun mai jifa, ya kira wani. Yaron bai yi laifin komai ba, su ne ma a gaba. Sai Baba ya daki hannun kujera har na zabura daga wajen ninke kaya.

"Ƙirga masa suke yi," in ji shi. "Jifa ɗari bai cika ba an ce hannunsa ya gaji. Ke kin san Cy Young?"

Na ce, "Baba, ina ni ina sanin Cy Young."

Ashe tambayar da yake jira ke nan. Ya ce mai jifa ne, mutumin yankinsu, ɗan manomi daga Gilmore a nan Ohayo, aji shida ya bar makaranta ya koma gona. Ya fara buga wa Cleveland a 1890, bai ajiye ba sai 1911, yana da shekara 44. Ya ce wasa 511 ya ci. Na yi dariya, don Baba kan ƙara gishiri in ya shiga labarin da. Ya kalle ni ta saman tabarau ya ce in yi lissafi: yau mai jifa in ya ci wasa 20 a shekara guda ana yi masa kirari, to ko ya yi haka shekara 25 a jere, 500 zai tara, bai kamo shi ba. Na biyunsa, Walter Johnson, 417 ya tsaya.

Abin da ya fi ƙona wa Baba rai shi ne maganar gama wasa. Ya ce Young ya fara wasa 815, ya kai 749 daga ciki har ƙarshe da hannunsa, ba wanda ya karɓe shi. Na tambaye shi to wane irin atisaye yake yi. Ya ce gatari. In kakar wasa ta ƙare sai ya koma gona ya yi ta faskare da sauran aikin ƙarfi har bazara ta zagayo. Nan kam na ji mutumin ya fara shiga raina.

Sai da ya kwanta barcin rana na ɗauko waya na duba, don ban yarda da shi ɗari bisa ɗari ba. Allah Sarki, ko lamba ɗaya bai kuskure ba. Mutumin da jiya ya kira ni da sunan matarsa mai rasuwa, ya tambaye ni sau uku ko ya sha magani. Sunan Cy Young na ainihi Denton True Young, an haife shi 1867. Ya koma Boston a 1901, ya ci wasa 33 a shekarar. Shi ya yi jifar farko a gasar World Series ta farko a 1903, da suka doke Pittsburgh. Ranar 5 ga Mayu, 1904, yana da shekara 37, ya kara da Philadelphia: mutum 27 suka zo gabansa da sanda, duk 27 ɗin suka koma, ko ɗaya bai taka tashar farko ba. Kuma abin da Baba bai faɗa mini ba, shi ne ya fi kowa shan kaye a tarihin wasan, sama da sau 300. Wannan ya ba ni dariya ni kaɗai a kicin. Da ya tashi na tsokane shi da ita. Ko gezau. Ya ce sai an bar ka a fili shekara 22 kafin ka samu damar faɗuwa haka.

Har nan hira ce mai daɗi. Ya ma ba ni labarin yadda Young ya daina wasa, wai hannun bai mutu ba, tumbi ne ya fito, yara suka gane, suka riƙa ɗan taɓa ƙwallon ta gangara kusa don su sa shi sunkuyawa da gudu. Muka yi ta dariya har ya sarƙe, na ba shi ruwa.

Daga nan ne ya ce ai ya gan shi da idonsa. Yana yaro, a Newcomerstown, ƙaton tsoho yana tafiya a hankali a bakin titi, mahaifinsa ya nuna masa shi. Na ce to ai lokacin yana hutawa ne yana cin arzikinsa. Baba ya girgiza kai. Wane arziki? A zamaninsu ba a biyan kuɗin da ake biya yanzu. 'Ya ɗaya suka haifa, ba ta rayu ba. Matarsa ta rasu a 1933, ya sayar da gonar, ya koma zama gidan abokai, yana ɗan taya su aikace-aikace. A 1937 aka sa sunansa cikin gwarazan wasan da ake karramawa a Cooperstown, amma a ɗakin aro ya ƙare rayuwarsa, 1955, yana da shekara 88. Kyautar nan da ake ba gwanin masu jifa duk shekara da sunansa, sai 1956 aka fara ta. Bai gan ta ba.

"Amma dai ya samu masu riƙe shi," in ji Baba. "Ba biyansu ake yi ba."

Ban san ko da ni yake ba. Ban tanka ba, na ci gaba da goge tebur ɗin da na riga na goge. Maganar ta tsaya mini a wuya har yanzu da nake rubutun nan. Gaskiya ce ai, biyana ake yi, awa-awa, ƙarfe shida na yi na sa hannu a waya na kama hanya. Amma waye ke yanke masa farce? Waye ya san ba ya son a rufe labule gaba ɗaya? 'Ya'yansa uku, biyu a cikin garin nan. Ni kuma da nake wannan ƙorafi, nawa uban yana can gida, Yaya ce ke ɗawainiya da shi, ni sai dai aike da kiran bidiyo ranar Juma'a. Duniya rawar 'yan mata. Ban ji daɗin kaina ba duk yammacin nan.

Kafin in tafi ya ce yana so a kai shi Peoli, inda kabarin Young yake, kusa da garinsu. Tafiyar ba ta kai awa biyu ba daga Kolombos. Dokar aikinmu ta hana in ɗauke shi a motata, na gaya masa. Ya ce ya sani.

Hanya cunkushe. Na tsaya shagon 'yan Afirka, babu daddawa, an ce sai mako mai zuwa. Maigida ya dafa taliya, gishiri ya yi yawa, mun ci haka nan. Auta ya samo takalmin a cikin kwandon wanki.

Na tura wa babbar 'yar Baba saƙo kan maganar Peoli, na ce ko Asabar ɗin da ta samu sarari, ni zan bi su ba sai an biya ni ba. Ta turo hoton babban yatsa kawai. Eh ne, ko na gani ne, oho. Gobe da safe zan kira ta, in ba ta ɗauka ba in nemi ƙaninta.