Mai gurasar Misfala

A umarar bana, kusa da masaukinmu a unguwar Misfala ta Makka akwai wani dattijo ɗan Afganistan mai tandar gurasa, faffaɗar nan da ake kira tamis. Da guntun Larabcina da nasa muka saba.

Na yi masa barka da ƙarewar yaƙi. Ya ce Alhamdu lillahi, yanzu ƙaninsa na jan mota daga Kabul zuwa Kandahar ba fargabar bam. Tukunya ce dai ta ƙi dahuwa. Da Taliban suka karɓe Kabul a Agustan 2021, Amurka ta riƙe kusan dala biliyan 7 na babban bankin Afganistan, aka ƙayyade cire kuɗi a banki dala 200 a mako. Magidanta suka riƙa fito da darduma da firji bakin titi suna sayarwa. Da magariba kuwa mata kan zauna ƙofar gidan burodi, ko wani mai saye zai miƙo musu guda.

Zancen 'yarsa ne ya tsaya min a rai. Tana gama aji shida shi ke nan, sakandare a rufe take ga 'yan mata. Wallahi na rasa hujjar wannan, ko a addini. Ungozoma ta so zama, yanzu ɗinki take koyo wajen gwaggonta.