Ina lambar yabon wanda ya shiga rijiya?

Jiya da yamma na ga Baba mai haƙar rijiya yana tura amalanke a bakin kasuwar Daura, ƙafar hagu har yau ɗingishi yake, sai raina ya sosu wallahi. Mutumin nan shi ne ya ciro yaron maƙwabcinmu daga rijiya shekarun baya, muna tsaye ana ta salati, mata na kururuwa, maza kowa na leƙe yana ja da baya saboda an san rijiyar da ta daɗe a rufe iskarta kashe mutum take, shi kau ko takalmi bai tsaya cirewa ba, ya ɗaura igiya a ƙugu ya ce "ku riƙe da kyau" ya sauka. Da aka jawo su yaron na saɓe a kafaɗarshi, shi kanshi sai da aka yayyafa mishi ruwa kafin ya farfaɗo, ƙafar ta bugu da jikin rijiyar. Abin da ya samu? Uban yaron ya kai mishi kwanon gero da turmin atamfa na iyalinshi, mu kuma muka ce Allah ya saka.

Toh ƙasar nan fa tana da lambobin girmamawa, da dokarsu tun 1964, daga GCFR ta shugabannin ƙasa har zuwa MON, amma in ka duba jerin sunayen yawanci gwamnoni ne da ministoci da sanatoci da manyan 'yan kasuwa. Shi ya sa na ji daɗi sosai a Oktoban 2022, lokacin da marigayi Buhari ya raba wa sama da mutum 400 lambobi a Abuja, sai ga Liman Abubakar Abdullahi a ciki. Dattijon nan na ƙauyen Nghar a Barikin Ladi, a watan Yunin 2018 da maharan suka afka wa yankin, ya ɓoye mutum 262, galibinsu Kiristoci, mata a cikin gidanshi maza a masallaci, ya fito ya tare 'yan bindigar da roƙo ya ƙi buɗe ƙofa. Amurka ma ta riga mu, ta karrama shi tun 2019. Haka Dakta Adadevoh da ta hana mai cutar Ebola fita daga asibiti a Legas a 2014 har ta rasa ranta, ita ma sai a 2022 ɗin aka sa sunanta.

Waɗannan duniya ta ji labarinsu ne. Namu na nan fa? Daren ambaliyar Jibiya a Yulin 2018, sama da mutum 40 suka rasu, waɗanda suka shiga ruwa cikin duhu suka jawo 'yan uwansu wa ya rubuta sunansu? Ni dai roƙona ga gwamnatin jiha da masarautunmu biyu, Katsina da Daura, a sa masu unguwanni da dagatai su riƙa kawo sunayen irin waɗannan bayin Allah, ko ranar hawan sallah ce a kira su gaban jama'a a rataya musu lamba, a haɗa da jari da kuɗin magani. Baba dai likita ya ce aiki ƙafar take so, yaron da ya ciro kuma bana ya shiga aji 3 na sakandare.