Takwas da ɗigo biyu

Talata, da dare.

Kofin shayin nan ya ƙi fita daga raina.

Da safe ina shirya yara makaranta Hajiya ta kira, murya ƙasa-ƙasa: "Ke, sugana ya faɗi, wayar ta yi ja." Na ce jiri kike ji? Gumi? Hannu na rawa? Ta ce ko ɗaya, amma dai ta sha shayi da sukari cokali uku, ta bi da dabino biyar, tunda wayar ta ce a gaggauta. Na bar wa Abbansu yaran na tari adaidaita.

Ina isa na ɗauki na'urar gwajin na duba awon ƙarshe: 8.2. Ina faɗuwa a nan? Ga wanda bai karya ba ma ai ya ɗan haura. Sai da na shiga saitin manhajar da take shigar da awon suganta a waya na gano inda gizo ke saƙa. Na'urar Hajiya da mmol/L take awo, irin wanda ake rubuta mata a katin asibiti. Manhajar kuwa, da na sake sauke ta jiya a sabuwar wayar da Yaya ya kawo, a kan mg/dL ta zo, ni kuma ban duba ba. Tsakanin ma'aunan biyu ninki 18 ne, wato 8.2 ɗinta a ɗaya ma'aunin kusan 148 ke nan. A can duk abin da ya gaza 70 faɗuwa ne, sai ga Hajiya ta rubuta mata takwas.

Muka sake gwadawa. 13.6.

Na ce, "Hajiya, ai da kin kira ni kafin ki sha."

Ta daɗe tana kallona. "Ba ke kika ce in riƙa bin abin da ta faɗa ba? Ni na san lissafinsu ne? In ta yi kore in gode wa Allah, in ta yi ja in tashi tsaye. Haka kika koya min."

Wallahi haka na koya mata. Shekara biyu ke nan, tun da idonta ya fara gajiya da ƙananan rubutu, na sauƙaƙa mata abin ya koma launi. Yau na ga matar da ta san jikinta sarai ta ajiye abin da take ji, ta bi launin gilashi. Kuma ba zan ce mata ta yi watsi da jan ba, don ƙwayar safen nan, glibenclamide, tana faɗar da suga da gaske, wani lokacin ma ba tare da mutum ya ji alama ba. Ran da jan ya zama na gaskiya, shayin nan shi ne daidai.

Na mayar da ma'aunin, na goge awon na safe na sake shigar da shi. Sannan na yagi takarda na rubuta da manyan baƙi: IN NA'URA TA NUNA ƘASA DA 4, SHA ZAƘI, KI KIRA NI. Na manna a jikin jakar na'urar. Ta karanta sau biyu, ta ce rubutuna ya fi na likita kyau. Muka yi dariya, ta sa aka kawo min koko.

Sauran ƙananan abubuwa. Tunatarwar magani ba ta yi ƙara ba, ashe tsarin tattalin caji ne ke rufe manhajar, na cire ta daga ciki na ba ta izinin sanarwa. Tsofaffin awon sun ɓace, sai da Auta ya turo kalmar sirrin asusun suka dawo cif. Agogon na'urar ma ya karkace tun canjin batir, na daidaita shi da na waya.

Kasuwa ban je ba. Ɗinkin Anti yana nan.

Bayan isha'i na kira na ce ta gwada ta karanto min lambar. Na ji motsin jaka, na ji ƙit ɗin allurar. Ta ce 9.1. Har na fara hamdala sai ta ce, "Tsaya in sa a wayar, in ga ko kore ne."