Tarihin Rayuwata, Kashi na 11: Shekarar da Jan Biro Ya Yi Mini Nauyi

Assalamu alaikum. A makon jiya mun tsaya a ranar da na kammala digirina na uku, maigidana yana can bayan zaure riƙe da 'yarmu ta fari, ni kuma ina ta share hawaye da gefen mayafi. A ranar na ɗauka wahala ta ƙare, saura girbi.

Aikin farko da na samu a Amurka na koyarwa ne, amma irin wanda ake ɗaukar mutum zango-zango. Kwantiragin wata huɗu ake sa wa hannu. Zango na ƙarewa shi ma ya ƙare, ba wanda ya kore ka, ba kuma wanda ya yi maka alkawarin gobe. Ina koyar da kwas biyu na ilimin zamantakewa a wata jami'a, wasu biyun a wata kwaleji mai tafiyar kusan awa guda. Ɗakin da aka ba mu a jami'ar mu tara ne a kan tebur uku, don haka takardun ɗalibaina a kujerar bayan mota suke kwana. Inshorar lafiya babu, a kan ta maigidana nake raɓe. Ɗalibai kuwa Farfesa suke kirana kamar yadda suke kiran kowa, ba su san akwai bambanci ba.

Bambancin kuwa babba ne. A jami'o'in can malamai hawa uku ne. Akwai waɗanda aka tabbatar, masu kujerar dindindin, abin da suke kira tenya. Waɗannan ba a sallamarsu sai da ƙwaƙƙwaran dalili, kuma sai an zauna an saurare su a gaban 'yan'uwansu malamai, ko kuma idan jami'ar ce kanta ta shiga matsanancin halin rashin kuɗi. Akwai waɗanda ke kan hanyar samun kujerar, ana gwada su. Sai mu 'yan kwantiragi a ƙasa, kuma mu ne masu yawa. A yau kusan kashi biyu cikin uku na masu koyarwa a manyan makarantun Amurka ba sa kan kujerar, ba sa kuma kan hanyarta.

Akwai abin da zan faɗa a nan wanda ban taɓa faɗa wa kowa ba sai maigidana da wata dattijuwa da zan ambata a gaba. A shekarata ta biyu na fara sassauta maki. A ƙarshen kowane zango ana ba ɗalibai takarda su faɗi ra'ayinsu a kan malami, kuma na lura wannan takardar ce kusan kaɗai abin da shugaban sashe ke dubawa kafin ya sake kiran ɗan kwantiragi. Ba wanda ya taɓa shigowa ajina ya ga yadda nake koyarwa. Sai na riƙa ɗaga wanda ya cancanci faɗuwa ya tsallake da ƙyar, wanda ya tsallake da ƙyar in ɗaga shi sama kaɗan. Ina yi ina gaya wa kaina tausayi ne. A raina na san tsoro ne. Har yau idan na tuna yaran da na bari suka wuce ba su iya haɗa hujja biyu a rubuce ba, sai in ji na ci amanarsu.

A shekara ta uku, zangon bazara, ɗalibai uku suka kawo mini rubutun ƙarshen zango da ba nasu ba. Ba sai an yi dogon bincike ba, shafuka ne sukutum aka kwaso daga intanet, har da kuskuren rubutun mai asalin. Ɗaya daga cikinsu yana shekarar ƙarshe, kwas ɗina ne ya rage masa. Dokar jami'ar a fili take: malami ya cike takarda ya miƙa wa kwamitin ladabtarwa. Na je wurin shugaban sashe da takardun. Ya juya su, ya ajiye, ya ce mini cikin murya mai laushi, “Ke ce mai ajin, ke za ki yanke. Amma ki sake dubawa da kyau, irin wannan yakan ja dogon zance.” Na fito na zauna a mota, takardun a cinyata, na fi rabin awa ban tayar da injin ba.

A sashenmu akwai wata dattijuwa, farfesa ce da ta haura shekara talatin a wurin, ita kaɗai ce cikin manya ke leƙowa ɗakinmu ta tambayi lafiyarmu. Washegari na same ta a ofis na zayyana mata komai, har da maganar sassauta makin. Ba ta yi mini faɗa ba. Ta ce ita ma kafin a tabbatar da ita, shekara shida ta yi tana auna kowace kalma kafin ta furta a taron sashe. Sai ta tambaye ni ko na san asalin kujerar da take kai. Na ce na ɗauka lada ce ta daɗewa a aiki. Ta girgiza kai.

Ta ba ni labarin Edward Ross, masanin tattalin arziki da zamantakewa a Jami'ar Stanford, wanda aka tilasta wa barin aiki a 1900. Maganganunsa ne ba su yi wa Jane Stanford daɗi ba, matar marigayin attajirin jiragen ƙasa da ya kafa jami'ar, kuma a lokacin maganarta ce doka a wurin. Wasu malamai suka ajiye aikinsu don nuna fushi, cikinsu da Arthur Lovejoy. Shi Lovejoy ɗin ne, tare da John Dewey, suka jagoranci kafa Ƙungiyar Malaman Jami'o'in Amurka a 1915. A 1940 ƙungiyar da haɗaɗɗiyar ƙungiyar kwalejojin ƙasar suka fitar da matsayar da har yau ake bi: kada gwajin malami ya wuce shekara bakwai, bayan nan ko a tabbatar da shi ko a sallame shi.

Daga baya na je na karanta abin da Ross ɗin ya faɗa, na tarar wasu maganganunsa a kan baƙi 'yan Asiya munana ne, na ƙyamar jinsi. Hakan ya dame ni ƙwarai, domin ni ma baƙuwa ce a ƙasar. Da na koma mata da wannan, sai ta ce ai shi ya sa labarin yake da amfani. Idan mai kuɗi zai iya korar malami saboda maganar banza, zai iya korarsa saboda maganar gaskiya, kuma shi mai kuɗin ne zai zaɓi wacce ce wacce. Maganar banza, in ji ta, malamai ne ya kamata su rusa ta da hujja a bainar jama'a. Na daɗe ina juya wannan a raina, kuma na yarda da ita, ko da yake yardar ba ta zo mini da sauƙi ba.

Ba zan ɓoye ba, na ga waɗanda kujerar ta lalata. Akwai wani mai kujerar dindindin da yake karanta wa ɗalibai takardun da suka yi jajawur don tsufa, ba ya zuwa taro, ba ya amsa saƙo, kuma ba abin da za a yi masa. Masu sukar tsarin irinsa suke nunawa, kuma ba ƙarya suke yi ba. Ingila ta soke nata tsarin ga sababbin ɗauka tun 1988, zamanin Margaret Thatcher. A Amurka ma jihar Wisconsin ta cire shi daga dokokinta a 2015. Sai dai ni na zauna a ɗaya ɓangaren, mai ɗaki kuwa shi ya san inda yake masa yoyo. Malalaci guda ana ganinsa, ana nuna shi da yatsa. Mu tara da ke ɗakin nan muna rage gaskiya kaɗan-kaɗan a kowane zango don kada a daina kiranmu, ba wanda ke ganin wannan asarar, kuma ɗalibai ne ke ɗaukarta su tafi da ita.

Dattijuwar ta ce za ta sa hannu a takardar tare da ni a matsayin wadda ta duba ta tabbatar, don kada a ce baƙuwa ce ba ta fahimci yadda ake yi ba. Ta kuma gaya mini gaskiya: sa hannunta zai kare hukuncin, amma ba zai kare aikina ba.

Daren nan na kasa barci. Maigidana ya tashi ya same ni a falo.

“Malama, har yanzu takardun nan ne?”

“Abban yara, idan na miƙa, ina jin ba za su sake kirana ba.”

Ya yi shiru, sannan ya ce, “Idan ba ki miƙa ba fa, za ki iya shiga ajin nan ki dubi sauran da suka yi nasu da guminsu?”

Ban amsa ba. Ya ce, “Abincinmu ba a hannunsu yake ba. Ki yi abin da za ki iya tsayawa a kansa, sauran mu bar wa Allah.”

Na miƙa. Kwamiti ya zauna, ya tabbatar da laifin duka ukun. Mai shekarar ƙarshen ya zo ya same ni a bakin aji, idonsa ya kaɗa, ya ce na ɓata masa shekara. Na ce masa zan zauna da shi kyauta duk ranar da yake so mu sake rubutun tun daga farko. Bai dawo ba. Takardun ra'ayin ɗalibai na wannan zangon su ne mafi muni da na taɓa samu, wasu kalmomin ba zan maimaita su ba.

A watan Yuli jadawalin sabon zango ya fito, babu sunana. Na aika wa shugaban sashe imel. Amsarsa layi biyu ce: sun gode da hidimata, bukatun sashe sun canza. Kwas biyun nan kuwa suna nan a jadawalin, da sunan wani a gabansu. Na je wurin wakilin ƙungiyar malamai ina tambaya ko ina da hakkin a gaya mini dalili. Ya ce babu, kuma maganar ta daɗe da zuwa Kotun Ƙoli. A 1972, a shari'ar wani malami David Roth da wata jami'ar gwamnati a Wisconsin ta ɗauka na shekara guda ta ƙi sabunta masa, kotun ta yanke cewa wanda wa'adinsa ya ƙare ba a ɗauke masa wani abu da ya mallaka ba, don haka ba dole a ba shi dalili ko a saurare shi ba. Wannan ne ya fi yi mini ciwo, fiye da rashin aikin. Da an ce mini laifi kaza kika yi, da na san abin da zan kare ko in gyara.

Na kira Ummata ina kuka. Ba ta san tenya ba, ba ta san kwantiragin zango ba, amma ta saurare ni har na gama. Ta ce, “Kin ɗauki hakkin wani?” Na ce a'a Umma. Ta ce, “To share hawayenki ki je ki yi salla.”

Kwas biyu na kwalejin nan su suka riƙe ni har ƙarshen shekara. Ana cikin haka na gane ina da cikin ɗanmu na biyu. A watan Oktoba, ina zaune a mota ina duba takardu kafin lokacin aji, saƙon dattijuwar nan ya shigo wayata. Wata jami'a ce a wata jiha mai nisa take neman malami a fanninmu, a kan hanyar kujerar dindindin: shekara shida na gwaji, a ta shida a duba fayil ɗinka, ko a tabbatar da kai ko a ba ka shekara guda ka tattara kayanka. A ƙasa ta rubuta cewa ta riga ta fara rubuta mini takardar shaida, kuma kwana goma sha ɗaya suka rage a rufe karɓa.

Yadda na gaya wa maigidana, wanda bai daɗe da samun nasa aikin a garin da muke ba, da yadda na shiga ganawar da ciki wata bakwai, sai a mako mai zuwa in Allah ya kai mu.